Shawara: In Karɓi Sabon Muƙamin Ko In Koma Ɗakin Gwaje-gwaje?

Assalamu alaikum. Ni malama ce a sashen nazarin ƙananan halittu a wata jami'a nan Sakkwato. Shekaruna 36, ina da aure da ɗiya uku, ƙaramin bai kai shekara biyu ba. Na kammala digirin digirgir shekara biyu da suka wuce, ina matakin Lakcara II. Shekara huɗu ke nan ni ce jami'ar jarrabawa ta sashenmu, ni ce mai kula da 'yan aji biyu, kuma duk kwamitin walima sai an sa sunana. Bara na nemi ƙarin girma aka dawo mini da takarduna, wai cikin maƙaloli tara da na kai huɗu kaɗai suka shiga lissafi. Ga samfurorin bincikena sun lalace a firiza lokacin zafi. Yanzu shugaban sashe ya ce za a ba ni kula da ɗakunan kwanan ɗalibai mata, wai ta nan ake fara hawa. Ba zan ɓoye muku ba, ina da burin wata rana in shugabanci jami'a. Maigida bai hana ni aiki ba, amma bai yarda in tafi waje shekara guda ba, surukata kuma tana cewa yaran sun zama na 'yar aiki. In karɓa ko in ƙi?

Wata malama daga Sakkwato

Wa alaikumus salam, Dakta. Allah ya raya zuri'a, ya sa wa ilimin albarka.

Kada ki karɓa yanzu. Burin naki kuwa ki riƙe shi da kyau, babu abin kunya a ciki. Sai dai ki ɗauko takarda da biro mu yi lissafin shekaru tare, domin shi zai nuna miki dalilinmu.

Duk sanarwar neman shugaban jami'a da za ki gani a jarida, sharaɗin farko shi ne mai nema ya kasance farfesa, kuma ya daɗe a kan farfesancin. Jami'o'in tarayya da yawa shekara 10 suke rubutawa, wasu ƙasa da haka. Galibi kuma sukan ce kada ya haura shekara 65 ranar kama aiki, saboda wa'adin shekara 5 ne sau ɗaya tak, farfesa kuwa a shekara 70 yake ritaya. Tsakaninki da farfesa akwai hawa huɗu: Lakcara I, Babbar Lakcara, Rida (wato mataimakin farfesa), sannan Farfesa, kuma kowane hawa sai an yi aƙalla shekara 3 a kan na ƙasansa. In kika samu Lakcara I kina da 37, Babbar Lakcara a 40 ke nan, Rida a 43, Farfesa a 46. Ɗora 10 a kai, 56. Daga 56 zuwa 65 shekara tara ce, ita ce duk rarar da kike da ita, kuma a cikinta za a cire duk shekarar da aka dawo miki da takardu, da duk wadda rashin lafiya ko goyo ko yajin aiki ya tsayar da bincikenki. Ta bara ta riga ta tafi. Kula da ɗakunan kwanan ɗalibai aiki ne na lada, amma dare da rana ne: famfo ya ƙafe, an yi faɗa, an kai yarinya asibiti ƙarfe biyu na dare. Makin da kwamitin ƙarin girma zai ba ki a kansa kaɗan ne ƙwarai in aka gwada da na maƙala, kuma ba ya cike gurbin maƙalar da babu.

Dubi waɗanda suka riga ki. Farfesa Grace Alele-Williams, masaniyar lissafi, ita ce mace ta farko da ta shugabanci jami'a a Najeriya. Ta yi digirin digirgir a Jami'ar Chicago a 1963, ta zama farfesa a Jami'ar Legas a 1976, sai a 1985 aka ba ta Jami'ar Benin. Shekara 13 daga digiri zuwa farfesa, wasu 9 kuma kafin kujera. Farfesa Folasade Ogunsola, wadda fanninta na ƙwayoyin cuta ya yi kusa da naki, sai da ta shugabanci kwalejin likitanci ta Jami'ar Legas, ta yi mataimakiyar shugaba, ta riƙe ƙwarya a 2020, kafin a naɗa ta shugaba a 2022. A nan Arewa akwai Farfesa Gambo Laraba Abdullahi, masaniyar sinadarai da ta shugabanci Jami'ar Abuja, da Farfesa Fatima Batul Mukhtar, masaniyar tsirrai daga Jami'ar Bayero, da ta shugabanci Jami'ar Tarayya ta Dutse daga 2016 zuwa 2021. Dukansu da farfesancinsu suka je neman kujerar.

To, maƙaloli biyar ɗin da aka zubar. Ki je ofishin rajistara ki karɓi kundin ƙa'idojin ƙarin girma na jami'arku, wanda ake aiki da shi bana, ki karanta shi da kanki. Kada ki tsaya a kan "an ce". Sannan ki rubuta wa kwamitin, ta hannun shugaban sashe, cikin ladabi, a faɗa miki waɗanne aka cire da dalilin kowace. Kowace jami'a da nata ma'aunin, amma ramukan da ake faɗawa kusan ɗaya ne. Ko dai mujallar ta bogi ce, ko an tara maƙaloli da yawa a mujalla guda, musamman ta tsangayarku, alhali ƙa'ida ta iyakance adadin da za a karɓa daga wuri ɗaya. Ko takardar taron ƙara wa juna sani ce aka lissafa ta a matsayin maƙalar mujalla. Ko sunanki ne na biyar cikin mutum bakwai, makin ya rabu har ya zama ba komai. Ko kuma ta fito bayan ranar rufe karɓa. A jami'o'i da yawa ƙarin girma daga 1 ga Oktoba yake fara aiki, amma watanni kafin nan ake rufe karɓar takardu, saboda haka ki rubuta wannan ranar a jikin bango.

Mujallar bogi tana da alamu. Za ta aiko miki da imel tana yabon aikinki, ta yi alkawarin bugawa cikin mako guda, ta nemi kuɗi tun kafin wani masani ya duba, kuma za ki ga tana buga komai daga injiniyanci har tarihi. Tambarin Scopus, wato babban kundin mujallun da aka tantance, da ke shafinta ba hujja ba ne, kowa na iya manna shi. Ki ɗauki lambar shaidarta ta ISSN ki nema a jerin mujallun Scopus ɗin kansa, ko a kundin DOAJ, ko na AJOL in ta Afirka ce, ki kuma tabbata adireshin intanet ɗin ɗaya ne, don akwai masu satar sunan mujallar kirki su buɗe shafin ƙarya. Kuɗin bugawa kada ya tsorata ki: mujallu masu kyau da yawa ba sa karɓar ko sisi in ba ki zaɓi a buɗe maƙalar kyauta ga kowa ba, waɗanda ke karɓa kuma ana roƙonsu ragi, amma tun kafin a tura ake roƙo.

Akwai wata al'ada da muke so ki fita daga cikinta in kina ciki, wato "sa sunana in sa naka". Tana cika takardar tarihin aiki da sauri, kuma tana iya tsallakar da mutum zuwa Lakcara I. A matakin Rida da Farfesa take tona asiri. A nan ana tura ayyukanki ne ga farfesoshi na wasu jami'o'i, galibi uku, ana neman amincewar biyu. Abin da suke tambaya shi ne me wannan malama ta ƙara wa fanninta. In suka ga yau kifi, gobe ƙasar noma, jibi ganyen magani, kuma ba ke ce ta farko a yawancinsu ba, babu amsar da za su rubuta. Wannan tantancewar takan ɗauki shekara ko fiye, ko da yake in ta yi kyau akan mayar da ranar ƙarin girman baya.

Don haka ki zaɓi tambaya ɗaya da za ki zauna a kanta shekara goma, kuma Sakkwato cike take da su. Ruɓewar albasa a wurin ajiya, daga baƙar fumfuna zuwa ruɓa mai ruwa, asara ce da manoman Goronyo da Gada da Kware suke gani da ido duk shekara. Ƙwayoyin cuta masu bijire wa magani a ruwan mayanka, da nono da fura, da ganyayen fadamar Rima, wata tambayar ce. Ɗauki albasa misali: maƙala ta farko waɗanne halittu ne ke ruɓar da ita, ta biyu yaya suke sauyawa daga hunturu zuwa bazara zuwa damina, ta uku wane irin rumbu ya fi, ta huɗu me ke rage su. Kowace tana haifar da ta gaba, ɗaliban digiri na biyu su ɗauki reshe-reshe, kuma mai ba da tallafi ya ga inda kika nufa. Maƙala biyu masu nauyi a shekara, ke ce ta farko ko mai amsa wasiƙun mujalla a madadin marubuta, sun ishe ki.

In kuma ganyen magani kika zaɓa, sabara ko kalgo ko bagaruwa, ki sani an gaji da maƙalar da ta tsaya a "mun jiƙa ganye, mun ga ya hana ƙwaya girma". Sai da lambar ajiyar samfurin tsiron daga ɗakin adana tsirrai, da auna mafi ƙarancin adadin da ke hana girma, da maganin asibiti na gwadawa, da maimaita gwaji sau uku. A gwajin faifan magani kuma, kaurin abincin ƙwaya na Mueller-Hinton milimita 4, kaurin ruwan ƙwayar 0.5 a ma'aunin McFarland, a karanta bayan awa 16 zuwa 18, tare da ƙwayoyin tabbatarwa irin su E. coli ATCC 25922 da S. aureus ATCC 25923. Rashin waɗannan biyun kaɗai ya isa edita ya mayar da aiki. Takardar amincewar kwamitin ɗa'ar bincike kuwa kafin a ɗebi samfurin farko ake karɓarta, ba a gyara ta daga baya.

Batun firiza ya taɓa mu, don aikin watanni ne ke narkewa a wuni guda. Daskarewa da narkewa a kai a kai shi ke kashe ƙwayoyin, shi ke lalata sinadaran PCR, wato gwajin ninka DNA. Kowace ƙwaya mai muhimmanci ki adana ta hanya biyu a wuri biyu. Ɗaya a ruwan giliserol kashi 15 zuwa 20 cikin ɗari, a ƙananan kwalabe uku-uku, yadda in kin buɗe ɗaya sauran ba su motsa ba. Firiza mai sanyin 80 ƙasa da sifili ta fi, mai 20 ƙasa da sifili ta watanni ce kawai. Ɗayar kuma a kan abincin ƙwaya da aka daskarar a karkace cikin kwalba, a firji, ana sabunta shuka duk bayan wata ɗaya zuwa uku, ko a rufe ta da man farafin da aka tsarkake don ta ƙara daɗewa. Firizar kwance ta fi ta tsaye riƙe sanyi. Ki cika duk wani fili a cikinta da gorunan ruwa masu ƙanƙara, ki sa ma'aunin zafi mai nuna iyakar da aka kai, ki manna takarda a murfi cewa ba a buɗewa in babu wuta. In kuɗin tallafi ya shigo, batir da inbata da sola na firiza guda sun fi wata sabuwar na'ura amfani. Samfurin DNA kuwa ana iya ɗiga shi a katin FTA, ya bushe, ya zauna ba tare da sanyi ba.

Ki tsara aikin da yanayin garin. A Afrilu da Mayu zafin Sakkwato na haura 40, na'urar renon ƙwaya ta yau da kullum kuwa ɗumamawa kawai ta iya, ba ta sanyayawa. In ɗakin ya fi 37 zafi, ba 37 kike reno ba ko da agogonta can kika saita shi, balle fumfuna mai son 25 zuwa 28. Irin wannan aikin ki kai shi hunturu, sai dai a lokacin ƙura ce abokiyar gaba: a rufe tagogi, a goge tebur da ethanol kashi 70, a zuba faranti kusa da harshen wuta. Watannin zafi ki bar su na rubutu. Abin da ɗakinku ba shi da shi, ki nema kusa kafin nesa. Akwai cibiyar binciken lafiya ta CAMRET a Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo, akwai cibiyar binciken dabbobi ta Vom, da ta binciken lafiya ta Yaba a Legas, da ta binciken noma ta IITA a Ibadan.

Wannan ya kawo mu ga maigida. Ba dole sai da shekara guda a waje ake zama farfesa ba. Abin da tafiya ke bayarwa shi ne na'ura da abokan aiki, kuma mako huɗu zuwa wata uku na iya samar da su in kin tafi da samfurori a shirye da tambaya a rubuce. Ki zauna da shi a lokacin natsuwa, ki nuna masa lissafin nan na shekaru, ki faɗa masa tafiya nawa kike hange cikin shekara uku, tsawon kowace, wa zai zauna da yara, ina za ki sauka. Magidanta da yawa abin da suke ƙi shi ne tafiyar da ba su san iyakarta ba. Ki fara da ta cikin gida a lokacin dogon hutun makaranta. Kuɗi kuma ki fara da na ƙofar gida, wato tallafin bincike na TETFund, asusun tallafa wa manyan makarantu, da ake nema ta cikin jami'a, da na halartar taro, kafin babban asusunsu na bincike na ƙasa. Shirin L'Oréal da UNESCO na matasan mata masana kimiyya a Afirka kudu da Sahara yana ba waɗanda suka gama digirin digirgir Yuro 15,000. Ki yi rajista da OWSD, ƙungiyar mata masana kimiyya ta ƙasashe masu tasowa, kuma duk tallafin da za ki nema ki fara duba jerin ƙasashe da iyakar shekaru, don wasu suna rufewa da an yi 'yan shekaru da gama digiri.

Maganar Hajiya surukarki kuma kada ki ɗauke ta da zafi. Akwai gaskiya a ciki, kuma kwamitocin nan ne suka ci lokacin yaran fiye da binciken. In kin sauke su, ki sa ta ga canjin: ki dawo gida kafin la'asar a wasu ranaku sanannu, ki kai mata jikokin da kanki ranar Juma'a. Rubutu kuma ki ba shi awa ɗaya da rabi bayan sallar asuba, kwana huɗu a mako, waya a kashe. Da sanyin safiya ake kama fara.

Yadda za ki ƙi yana da muhimmanci, don wannan shugaban sashen shi zai sa hannu a takardunki. Ki same shi a ofis shi kaɗai ki ce: "Ranka ya daɗe, na gode da wannan amincewa. Ka ga yadda aka dawo mini da takardu bara. Ina roƙon a ɗaga mini zuwa in samu Babbar Lakcara, a lokacin duk inda aka sa ni zan yi." Ki haɗa da roƙon a naɗa wanda zai karɓi jarrabawa daga hannunki, ki koya masa zango ɗaya. Shekara huɗu a wannan aikin kin fita haƙƙin sashe. Kada ki sauke komai gaba ɗaya a ce kin yi girman kai. Ki riƙe ɗaya, ki nemi ya zama mai kusa da bincike, kamar kula da ɗaliban manyan digiri ko tarukan gabatar da bincike na sashe.

Muƙaman da ke koyar da shugabanci suna nan tafe, kowane da lokacinsa. Kwamitin shirya wa zuwan masu tantance kwasa-kwasai na hukumar kula da jami'o'i ta NUC zai nuna miki cikin sashe kaf, daga yawan malamai zuwa kayan aiki. Shugabancin sashe bayan kin zama Babbar Lakcara, shugabancin tsangaya da zaɓe ake yi in kin kai farfesa, daga nan darakta ko mataimakiyar shugaba, wadda shugaban jami'a ke kawo sunaye majalisar dattawan jami'a ta zaɓa, wa'adin shekara biyu da ake iya sabuntawa sau ɗaya. Shugaban jami'ar tarayya kuwa kwamitin haɗin gwiwa ne ke tantance shi: shugaban majalisar gudanarwa, da 'yan majalisar biyu, da farfesoshi biyu daga majalisar dattawa. Su miƙa sunaye uku, majalisar gudanarwa ta naɗa ɗaya, ta sanar da shugaban ƙasa. Mutanen da za su zauna a irin wannan kwamitin shekara ashirin nan gaba, yau abokan aikinki ne, suna kallon ko kina zuwa aji, ko kina mayar da babin ɗalibi a kan lokaci, ko an taɓa jin sunanki a maganar maki ko kuɗi. A kan waɗannan biyun masana da yawa suka faɗi: makin da aka gyara don ɗan wani babba, da kuɗin aiki da aka karɓa ba a kawo rasit ba.

Saboda haka kafin ki miƙa ofishin jarrabawa, ki tabbata kowane sakamako na shekaru huɗun nan yana da asalin takardar da malamin kwas ya sa wa hannu, duk gyaran da aka yi kuma yana da wasiƙar da ta ba da izininsa. Ki rubuta takardar miƙa aiki mai jera fayil-fayil da makullai da abin da ke cikin kwamfuta, ke da mai karɓa da shugaban sashe ku sa hannu da kwanan wata, ki riƙe kwafi ɗaya a gida. A fayil ɗin nan na gida za ki riƙa zuba duk wasiƙar naɗi, da ta yabo, da shaidar taro, da sunan duk ɗalibin da kika duba da shekarar da ya gama. Ki kuma buɗe ORCID, wato lambar shaidar mai bincike, da shafin Google Scholar a wannan makon, da rubutun suna guda ɗaya da ba za ki sake sauyawa ba, domin malamai mata da yawa ayyukansu sun rabu gida biyu, rabi da sunan mahaifi rabi da sunan miji, mai tantancewa ya ga rabi kawai.